Ina Uban Tumatir?

Hayin Banki, Kaduna
6 ga Maris, 1977

Zuwa ga ƙanena Ja'afaru,

Gaisuwa mai tarin yawa, da fatan takardar nan ta same ka lafiya, kai da karatun nomanka da ba a riƙe fartanya. Mu nan alhamdu lillahi. Inna tana Kinkinau wajen Yaya Labaran, ƙafar ce dai yau ta kwanta gobe ta tashi. Ta ce in tambaye ka ko mutanen Badun sun ƙwace maka alƙalami ne, don tun Babbar Sallah ba ta ji ɗuriyarka ba.

Abin da ya zaunar da ni rubutu, Hansai 'yar autata ce ba ta jin daɗi. Dasashinta ya kumbura, ko dafaffen rogo ta gatsa sai ka ga jini a jiki. Na kai ta ɗakin shan magani, nas ɗin ta buɗe bakin, ta dube ni sama da ƙasa kamar ni na ɗora mata ciwon, ta ce yarinya ba ta samun 'ya'yan itatuwa, a riƙa ba ta lemo kullum. Lemo fa, Ja'afaru! Duk Kaduna akwai wanda ya fi yayanmu lemo? Amma ko ɓawonsa ba shi da hanyar shigowa gidan nan, bari ka ji dalili.

Da aka sake rabon wuri a Babbar Kasuwa, dattawan kasuwa sun ba masu kayan marmari doguwar rumfar kwano, har da allo aka kafa, an rubuta Rumfar 'Ya'yan Itatuwa. Yaya Labaran ne shugabansu. 'Yan gwari kuwa, su maigidana masu tumatir da tattasai da albasa, aka watsa su fili a bakin kwata. Kwando zai sauka daga Hunƙuyi da safe jawur, gwanin sha'awa, kafin azahar rana ta dafa shi, ruwa na bin ƙasa, ƙuda na biki. Maigida ya cire girman kai ya je ya roƙi Yaya ɗan gefen inuwa, ko don surukuta. Yaya ya ce masa a gaban jama'a nan ba rumfar kayan miya ba ce, ya koma wajen 'yan'uwansa ƙudaje. Maigida ya ci kwalarsa, Yaya ya hankaɗa shi, ya faɗa zaune cikin kwandonsa. Haka ya hau bas ya dawo gida, wando jage-jage, yara na bin sa da dariya tun daga bakin titi.

Ko takalmi bai cire ba ya rantse. Ya ce ranar da lemo ko ayaba ko wani abin rumfar nan ya ƙetare zauren gidansa, to a bakin aurena. Na ce in na saya a Kawo fa? Ya ce lemon Kawo ma daga hannun Labaran yake fitowa.

Ka san dama can ba sa ga maciji. Tun neman aurena Yaya ya tsaya kai da fata wai ba a san uban mutumin ba, don kawai uban ya tafi fatauci Kurmi yana ciki, bai sake dawowa ba. Abin yana nan a ran maigida, ban taɓa jin ya huce ba.

Wallahi tsoro nake ji. Wannan mijina, wancan ciki ɗaya muka fito, kuma dukansu ba wanda ya san ja da baya. Abu biyu nake so. Ka gaya mini abin da zan ba yarinyar nan wanda ba lemo ba, tun da kai ne malamin gona. Sannan ka rubuta wa Yaya ka ba shi baki, kai yana ɗan jin maganarka.

Yayarka,
Kaltume

Badun
17 ga Maris, 1977

Yaya Kaltume,

Na karɓi gaisuwa, na kuma karɓi faɗa, duka sun iso lafiya. Ina nan ƙalau, sai dai barkonon mutanen nan da ya sa kullum nake cin abinci ina hawaye. Ki ce wa Inna alƙalami yana nan, mai alƙalamin ne malalaci. Allah ya ba Hansai lafiya.

Yaya, kin bar jaki kina dukan taiki. Maganin yana cikin gidanki, a kwandon Malam Datti mijinki. Abin da ke cikin lemo mai gyara dasashi, wanda likitoci ke kira bitamin C, akwai shi a tumatir. Bai kai na lemo yawa ba, amma in ana ci kullum ya wadatar. Matsalar ɗaya ce, irin girkinku. Ku ɗora miya tun hantsi, ku yi ta tafasa ta har ta gaji, kafin a sauke wuta ta cinye yawancin abin da ake nema. Saboda haka ɗanye za ki ba ta. Ki zaɓi nunannu masu ƙwari, ba waɗanda suka fashe ba, ki wanke da ruwa mai tsabta da ɗan gishiri, ki yanka mata. In ta yi tutsu ki haɗa da ƙuli-ƙuli da zogale ki yi kwaɗo. Yana kuma taimakon ido da fata, ga ruwa a jikinsa a wannan zafi. Kada ki fasa koma wa nas ɗin, ta duba ta gani.

Na san abin da za ki ce: ai nas 'ya'yan itatuwa ta ce, ba kayan miya ba. To ki gyara zama ki sha karatu. A wajen masana tsirrai, duk abin da ya fito daga fure, ya kuma ƙunshi iri a cikinsa, ɗan itace ne, ko daga bishiya ya fito ko daga tsiron da bai kai gwiwa ba. Ki raba tumatir ki gani, cike yake da 'ya'ya. Saboda haka tumatir ɗan itace ne daidai da lemo da mangwaro, babu wanda ya fi wani asali. Kuɓewa ma haka, kabewa haka, har barkonon da ke sa ni kuka. Alayyafo da albasa da karas su ne ba sa cikin dangin, don wani ganye ne, wani kuma a ƙasa yake kwanciya.

Amma fa wannan rabon aji ne, na masu farin allo da baƙin allo. A madafi da kasuwa tumatir kayan miya ne, kuma ba wanda zai kai wa baƙo shi a faranti ya ce ga marmari.

Maganar su Yaya kuwa, ki kwantar da hankalinki. Tsakanin harshe da haƙori ma ana saɓawa. Ban ga abin rubutu a ciki ba, in na sa baki daga nan sai su ga abin ya girma. Damina na sauka tumatir zai yi ƙaranci, rana ta yi sanyi, kowa ya manta.

Ki gaishe da Malam Datti, ki ce malamin gona ya ce sana'arsa ta fi ƙarfin raini.

Ƙanenki,
Ja'afaru

Hayin Banki, Kaduna
29 ga Maris, 1977

Ja'afaru,

Ina gaisuwa. Lafiya dai ba za a ce babu ba. Hansai ta samu sauƙi, tana cin kwaɗonta har da suɗe kwano, jinin ya ragu. Wannan na gode. Sauran kuwa, ban sani ba ko in sa maka albarka ko in karya alƙalaminka.

Da takardarka ta zo, bayan la'asar na zauna na karanta wa maigida, tun da shi ba ya karatun boko, don ya riƙa ware wa yarinya masu kyau. Ina zuwa wurin da ka ce tumatir ɗan itace ne, babu wanda ya fi wani asali, sai ya ajiye butar hannunsa. Ya ce, "Koma baya." Na koma. Ya ce in sake. Na ce, "Malam, akwai saura fa, ya ce a kasuwa kayan miya ne." Ya ce, "Sauran naku ne na mata." Ya zare takardar daga hannuna, ya linke, ya sa a aljihun gaba, yana murmushin da ni na san ba na alheri ba ne.

Abin da ya biyo baya Yalwa mai fura ce ta ba ni labari, maƙwabciyarmu da ke zama a bakin rumfar. Washegari ya ɗauki kwando da kansa, ya ratsa tsakiyar rumfar, ya dire shi gab da tulin lemon Yaya. Ya nuna allo ya ce me aka rubuta? Ya tare wani malamin makaranta da ya zo cefane, ya sa shi ya karanta layin nan naka da ƙarfi. Ya ce, "Ga shi daga bakin ƙanenka, ɗan boko, malamin gona. Ɗan itace ya zo rumfar 'ya'yan itatuwa, sai a matsa masa."

Yaya yana fere lemo, bai ko ɗago ba. Sai da ya gama ya ce, "Ɗan itace? To madalla. Lemo mun san ubansa, muna hawa mu tsinko. Mangwaro mun san ubansa, muna shan inuwarsa. Shi wannan naka mai rarrafe a ƙasa, ina ubansa? A nuna mana. Mara uba ba ya zama a rumfar nan."

Rumfa ta ɗauki ihu. Ja'afaru, ka ji fa! Yaya ya rantse wa Inna wai da tumatir yake. Ni da kai mun san da wanda yake, kasuwa ma ta sani, shi ya sa ta yi ihu.

Maigida kuwa sai kawai ya sa wa Yaya kai a baki. Haƙorin Yaya na gaba ya fita, jini har ƙirjin riga. Kafin ka ce kwabo wuri ya hargitse. 'Yan gwari suka kwararo daga bakin kwata da gorori, 'yan lemo suka ɗauki benci da sandunan rumfa. Aka fasa wa maigida gira, aka karya wa Sambo mai tattasai hannu, wani dattijo mai ayaba da ya shiga rabo aka tattake shi har sai da aka yayyafa masa ruwa. Yalwa ta ce ƙwaryarta ma da ƙafa aka yi ƙwallo da ita. Da ƙyar dattawa suka raba.

Yanzu ga maigida nan da ɗinki a goshi, ido ɗaya a kumbure, ya ce bai gama ba. Wai ranar da babbar motar Danja za ta zo da kayan ƙarshen kaka, a cikin rumfar za a sauke ta tas, in Labaran ya haifu ya hana. Yaya kuma ya aiko wai haƙorinsa ba zai tafi a banza ba.

Kai ka kunna, kai za ka kashe. Ka rubuto maza ka ce ka yi kuskure, ka sake duba littafi ka ga tumatir kayan miya ne tun kakansa. In ƙarya ce ma ka yi ta, alhakin a wuyana. Takardarka kaɗai yake riƙe da ita, in ka janye ba shi da abin tsayawa a kai. Ina ruwana da fure da iri? Wa ya taɓa buɗe baki da tumatir da azumi? So nake mijina da yayana su kai damina da rai.

Kaltume

Hayin Banki, Kaduna
12 ga Afrilu, 1977

Ja'afaru,

Gaisuwa. Kana lafiya kuwa? In kana lafiya, to shirun na mene ne? Kullum sai na leƙa shagon tela da ake ajiye mana wasiƙu, har ya fara girgiza mini kai tun daga nesa. Ko fushi ka yi don na ce ka yi ƙarya? Ka yi fushin daga baya, yanzu ba lokacinsa ba ne.

Inna ta zo da kanta, da ƙafar nan tata, a tasi. Maigida ya durƙusa ya gaishe ta, ya ba ta tabarma, ya saurare ta har ta gama. Sannan ya ce, "Inna, in da duka ne na haƙura, in da rana ce na saba. Amma ɗanki ya tambaye ni ubana a tsakiyar kasuwa." Inna ta tashi tana share ido. Can gida kuma Yaya ya buɗe mata baki ya nuna mata giɓi, ya ce ta fara mayar masa da haƙori tukuna.

Shekaranjiya na tarar da adda a bayan randa, an wasa ta tana ƙyalli. Na naɗe ta a zane na jefa rijiya. Da ya nema bai gani ba, ya yi ƙafa da tukunyar da ke kan murhu, miya ta watsu har jikin bango, Hansai ta ruga ta ɓuya a bayan turmi. Ya ɗaga hannu a kaina, Ja'afaru. Tun da muke bai taɓa ba. Allah ya sa ya juya ya naushi ƙofa, yanzu yatsun a kumbure suke. Na ce ya dake ni in hakan zai hana shi zuwa rumfar. Ya zauna a dokin ƙofa ya dafe kai, ya ce, "Ba ke ba ce." Na fi jin tausayinsa a lokacin, kuma na fi jin tsoro.

Yalwa ta ce 'yan lemo sun tara gorori a ƙarƙashin tebura, sun daina barin rumfar ba kowa. Motar Danja ana sa ranta cikin makon gobe. Don Allah, don Annabi, ka rubuto.

Kaltume

Badun
20 ga Afrilu, 1977

Yaya Kaltume,

Gaisuwa da ban haƙuri. Ba fushi na yi ba. An kwashe mu zuwa wata gonar gwaji a cikin daji, inda ko mota sai ta ga dama take zuwa, jiya muka dawo na tarar da takardunki biyu suna jirana. Na yi murna da sauƙin Hansai, kin ga dai malamin gona bai yi karatun banza ba. Ki ci gaba da ba ta.

Na karanta labarin yaƙin, kuma na san ki da kambama magana tun muna yara, in kaza ta yi tuntuɓe sai ki ce sa ya faɗi. Haƙori da gira abin takaici ne, amma maza sun gwada ƙarfi, kowa ya ji a jikinsa, yanzu sai sulhu. Wa ya taɓa jin an yi kisa a kan tumatir?

Ba zan ce na yi kuskure ba, Yaya, don ban yi ba, kuma gobe wani zai buɗe littafi ya ƙaryata ni, Malam Datti ya ƙara jin kunya. Amma ki karanta masa wannan a tsanake. Malam Datti, magana biyu ce kuma duka gaskiya ne. A littafi tumatir ɗan itace ne, a kasuwa kayan miya ne, kuma kasuwa ba da littafi aka raba ta ba. Abin da kake nema inuwa ce, kuma kana da gaskiya, kayanka sun fi lemo tsoron rana. Ku haɗu ku 'yan gwari ku nemi taku rumfar, ni zan tsara muku takardar da za ku kai. Maganar da Yaya ya faɗa kuwa ba ta dace ba, na rubuta masa na gaya masa haka yau ɗin nan.

In an yi hutu ina tafe, zan zaunar da su a tabarma ɗaya, ki yi mana kwaɗo mu ci mu yi dariyar wannan abu.

Ƙanenki,
Ja'afaru

Hayin Banki, Kaduna
2 ga Mayu, 1977

Ja'afaru,

Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Na san wayar da aka buga maka ta isa, ka ji an ce Malam ya rasu. Ba a faɗa maka yadda aka yi ba, ni zan faɗa maka. Takardarka ta iso ranar sadakar uku. Ka tambaya wa ya taɓa jin an yi kisa a kan tumatir. Yanzu ka ji.

Ranar ya yi asuba ya karya, har ya zaɓar wa Hansai tumatirinta ya ajiye a kan randa. Na riƙe masa riga a zaure, ya cire hannuna a hankali ya ce in sa masa ruwan wanka a rana, da wuri zai dawo.

Motar ta iso da hantsi. Ya sa direba ya ja ta har bakin rumfar, shi ya fara ɗaukar kwando, 'yan gwari na biye da shi kowa da nasa a ka. Sun jera sun kai rabin rumfar kafin 'yan lemo su zaro gororinsu. Daga nan ba wanda ya san na wa ke dukan na wa. Aka kife tebura, aka yi ta jifa da duwatsu da ƙafafun benci, kwanduna suka fashe, ana tattakawa ana zamewa, wanda ya faɗi a hau shi da duka. Yalwa ta ce ƙasan rumfar ya koma kamar an juye tukunyar miyar biki, kowa ja tun daga hula har takalmi.

Malam ya ture mutum biyu ya isa wajen Yaya, ya shaƙe shi, ya haɗa bayansa da ginshiƙi har idon Yaya ya firfito. Yaya ya lalubo wani katako da ya ɓalle daga tebur, ya maka masa a gefen wuya. Sau ɗaya. Malam ya sake shi, ya yi taga-taga, ya kife a kan fasassun kwanduna.

Ganin shugabansu a ƙasa, 'yan gwari suka ja baya. Yaya ya tsaya a kansa yana haki, ya ce, "Tashi, ɗan itace! Tashi ka kwashe 'yan'uwanka!" Aka fashe da dariya. Malam yana shure-shure, suna cewa santsi ne ya hana shi tashi. Ja yana malala daga ƙarƙashinsa, suna cewa ku ga yadda ya matse kayansa da kansa. Har wani ya ɗebo ruɓaɓɓe ya ƙara masa a ƙeya. Ja'afaru, a tsakiyar kasuwa, rana tsaka, mutane sun fi a ƙirga, mijina yana zubar da jininsa suna dariya.

Yalwa ce ta kutsa ta duba abin da ke gangarowa wajen ƙafarta. Ta ƙwalla ƙara ta ce, "Ku dakata! Ruwan tumatir da 'ya'ya yake tafiya, wannan ba ɗa ko ɗaya a ciki. Jini ne!" Sai a lokacin aka juya shi. Ashe akwai doguwar ƙusa a jikin katakon, ta shige wuya.

An ce Yaya ya yar da katakon, ya cire rawaninsa ya danne wurin, ya ɗauke shi a kafaɗa yana gudu yana kiran sunansa. Motar Danjar ce ta kai su asibiti. Kafin a shiga da shi rai ya yi halinsa. A can 'yan sanda suka kama Yaya, bai ko yi gardama ba.

Da aka kawo mini kayansa, takardarka ta farko tana aljihun gaba, ta jiƙe ta manne, ba a iya buɗe ta. Ban ce kai ka kashe shi ba. Ni na karanta masa, Yaya ya ɗaga katako, shi kuma ya kai kansa. Amma na roƙe ka ƙarya guda ɗaya tak, ka tsaya kana kare littafi, ko da amsarka ta iso a kan lokaci, ba abin da na roƙa ke ciki ba. Wannan yana ci mini rai, gara in faɗa maka da in riƙe.

Ina cikin takaba. Hansai ba ta bar tambaya ba.

Kaltume

Badun
11 ga Mayu, 1977

Yaya,

Allah ya jiƙan Malam Datti, ya gafarta masa, ya sa ya huta. Allah ya ba ki haƙuri, ya raya abin da ya bari. Na karanta takardarki a tsaye, na ƙarasa ta a zaune a ƙasa. Abin da kika faɗa a kaina na karɓa, ba ni da bakin musu. Na nemi izini, ina tafe ƙarshen watan nan.

Akwai maganar da nake jin nauyinta, amma Inna ta sa an rubuto mini, ta ce in roƙe ki. Yaya Labaran ba ya ci, ba ya barci, ya rantse bai ga ƙusar ba. Dattawa sun ce in kika furta kin yafe, za su kai maganar gaba, wataƙila a sassauta masa. Na san ba lokacinta ba ne. Amma Yaya, hannunka ba ya ruɓewa ka yanke ka yar. Ki duba tsufan Inna.

Ƙanenki,
Ja'afaru

Hayin Banki, Kaduna
21 ga Mayu, 1977

Ja'afaru,

Na amsa gaisuwa, Allah ya ba da lada. Muna nan yadda Allah ya ajiye mu.

Inna ba ta jira amsarka ba, ta zo da kanta ranar Juma'a. Uwar da ta haife ni ta durƙusa mini a tsakar gidana, da ƙafar da ko salla a zaune take yi. Ta kama gefen zanena ta ce, "Kaltume, ɗaya ya tafi, kada ki bari in rasa ɗayan. Bai ga ƙusar ba."

Na ce, "Inna, na yarda bai gani ba." Kuma wallahi na yarda. An shaƙe shi, ya lalubi abin da hannunsa ya samu, ko ni ce zan lalubo. Da a nan abin ya tsaya, da tuni na ce na yafe, in bar wa Allah sauran. Amma mutum yana kwance yana shure-shure, uban 'ya'yan ƙanwarka, kai kana tsaye a kansa kana ba kasuwa dariya. Da ya sunkuya ya duba shi, ko don ya tofa masa yawu ne, da ya ga wuyan. Ba ƙusa ce ta hana shi sunkuyawa ba.

Na ɗaga Inna, na ba ta ruwa, na raka ta iyakar inda mai takaba ke tsayawa. Ban ce Allah ya isa ba, albarkacin nonon da muka sha. Ban kuma ce na yafe ba. Dattawa su kai abin da suka ga dama, ban aike su ba, ba kuma zan tare su ba. Kai ma kada ka sake tambayata, ko a takarda ko baki da baki.

In ka iso ka fara sauka nan, ka yi mini gaisuwar mijina kamar yadda ake yi. Daga nan ka wuce Kinkinau ka riƙe Inna, ka kuma je inda aka tsare shi ka kai masa abinci, ba zan ji haushi ba. Kai har yanzu kana da wa. Ni ƙane kaɗai gare ni.

Yayarka,
Kaltume